Lauyan Kan Tsani da Ɗorawar Garo

A garin Gwarzo babu wanda ya kai Badamasi mai gyaran fanka sanin shari'a, in dai shi ka tambaya. Iliminsa ba a makaranta ya samo shi ba, a kan tsani ya samo shi. Shekara shida da suka wuce aka kira shi gyaran fankoki a wata kotu, ya yi kwana huɗu yana hawa yana sauka, rabinsa a cikin silin, ƙafafunsa suna reto a kan masu shari'a. Fankokin dai sai da aka kira wani ya gyara gyaran, amma shi Badamasi ya sauko da doka fal cikinsa. Tun daga ranar, ko kaza ce ta shiga gidan maƙwabci, sai ya ajiye filaya, ya gyara zaman hula, ya ce, "To, a dokance..."

Abin da ya fi tsaya masa a rai ya faru ne a rana ta uku. Yana cikin silin ya ji an kira wani suna sau uku ba a amsa ba, sai alƙali ya ce, "Tunda bai zo ba, na kori ƙarar." Wa aka kira, mai ƙara ne ko wanda ake ƙara? Badamasi bai gani ba, domin kansa yana cikin duhu tare da jemagu. Bai kuma tambaya ba, don a wurinsa tambaya aikin jahilai ce. Ya dai sauko da fatawarsa a shirye: in ba ka je ba, shari'a ta mutu.

Asalinsa mutumin Garo ne, ta ƙasar Kabo. Abin da mahaifinsa ya bar masa bai taka kara ya karya ba, 'yar gona ce mai tsakuwa, sai wata ƙatuwar ɗorawa a kan iyaka. To wannan ɗorawa ita ce ainihin gadon. Duk bazara akan sauke ta, a ɗauko kalwa a kawo Gwarzo, matarsa Adawiyya ta dafa, ta surfa, ta rufe ta ruɓa, ta yi daddawar da ake zuwa nema har daga Lakwaya. Da daddawar nan ake cefane a gidan, domin gyaran fanka irin na Badamasi ba ya ciyar da ko kyanwa. Shi ma ya san haka, furtawa ce dai bai taɓa yi ba.

Gonar da ke ɗaya gefen ta wata tsohuwa ce, Gwaggo Uwaliya. Bayan rasuwar mijinta ta fara cewa ai gindin ɗorawar ya fi karkata wajenta. Ta aiko wa Badamasi ya zo su zauna, ya mayar da ɗan aiken da cewa ta je ta nemi lauya. Tsohuwa kuwa ba ta nemi lauya ba, ta ɗaura zaninta ta hau mota sai kotu a Kabo.

Ranar da labari ya iso majalisarsu, wato teburin Lukuman mai shayi da ke jikin shagonsa, Badamasi dariya ya yi har da buga cinya.

"Ni za a kai ƙara? Ni? Wayyo tsohuwa, ta taɓa waya da jiƙaƙƙen hannu."

Malam Ja'afar, maƙwabcinsa mai koyarwa a Islamiyya, ya ajiye kofinsa. "Badamasi, ka je. Shekara talatin mahaifinka yana sauke ɗorawar nan a gaban idon mijinta, bai taɓa cewa uffan ba. Baba Ashiru da Baba Muhammad Nur suna nan da ransu a Garo, su suke taya shi sauka. Ka ɗauke su ka je ka faɗi haka. Ko dogon bayani ba ka buƙata."

"In je? Malam, zuwan ai shi ne faɗuwar. In ban je ba korar ƙarar za a yi."

"Mai ƙara ne ake korar ƙararsa in bai zo ba. Wanda ake ƙara kuwa..."

"Malam, Malam." Badamasi ya ɗaga masa hannu cikin tausayawa. "Shari'a kamar fanka take, waya biyu ce. Ka zare kowacce, ta tsaya. Kai karatu ka yi, ni kuwa kotu na gani daga sama."

Lukuman ya ce, "Daga sama ai ƙeyar alƙali kawai ake gani." Majalisa ta kwashe da dariya, Badamasi ya ɗauka yabo ne ya taya su.

Matakinsa na farko shi ne sammaci. A dokarsa, takardar da hannunka bai taɓa ba ba ta zo ba. Kuma tunda bai san fuskar mai kawo ta ba, sai ya daina miƙa wa kowa hannu. Kwana takwas yana yawo a Gwarzo hannayensa a hammata. A gaishe shi, ya amsa da ka. Liman ya miƙo masa hannu bayan la'asar, ya ba shi gwiwar hannu. Wani ya kawo masa katin ɗaurin aure, ya tsallake gefe kamar an miƙo masa kunama. Kafin kwana uku magana ta zaga unguwa cewa ƙazuwa ce ta kama Badamasi. Da aka fito da tuwo majalisa, sai ya ga an ware masa nasa a murfin kwano, an kuma matsar masa da shi da ƙafa.

A gida Adawiyya ta dube shi yana ƙoƙarin buɗe ƙyaure da kafaɗa.

"Malam, wai haka za mu zauna? Mata sun daina sayen daddawa, wai kada su kwaso."

"Ki yi haƙuri, dabara ce. Ke ba za ki gane ba."

"Ni dai abin da na gane, saura wata guda a sauke ɗorawa."

Rana ta tara wani siririn mutum ya tsaya da tsohon babur a ƙofar shagon, mai unguwa a bayansa. Sunansa Sharfaddeen, shekara goma sha tara yana kai sammaci. Ya ga mai ɓuya a rumbu, ya ga mai ɓuya a rijiya, saboda haka hammatar Badamasi ba ta ba shi mamaki ba.

"Salamu alaikum. Malam Badamasi? An wuni lafiya, ya aiki, ya iyali? Ga saƙo daga kotu."

"Ba na karɓa. Kowa ya shaida, hannuna bai taɓa ba!"

"Babu laifi."

"Kuma ni mazaunin Gwarzo ne. Kabo ba ta da hurumi a kaina."

"Ɗorawar ita ma ta dawo Gwarzo ne?"

Sharfaddeen ya warware takardar ya karanta da ƙarfi, suna da rana da lokaci, har masu faci na tsallaken titi suka ji. Sannan ya ajiye ta a kan benci, ya ɗora wata matacciyar fanka a kai don kada iska ta ɗauka. Ya duba agogo, ya rubuta a littafinsa, ya rubuta sunan mai unguwa da na Lukuman, ya yi sallama ya tayar da babur.

Sai da ya sha kwana Badamasi ya zaro hannayensa, duk sun yi tsami. Ya ɗauki takardar da filaya, ya zaga da ita majalisa kamar wanda ya kama ɓera, ya rataye ta a ƙusa.

"Kun gani? Ya zo ya koma a banza. Har yanzu a dokance ba a kira ni ba."

Ranar zaman farko bai je ba. Ya wuni a majalisa yana kallon hanyar Kabo. Da yamma wani direba ya kawo labari: an kira shi ba ya nan, alƙali ya ɗage zama mako biyu, ya ce a sake sanar da shi.

"Ɗaya ke nan!" in ji Badamasi. "Shari'a ta fara tari."

Malam Ja'afar ya ce, "Dama ce aka ba ka, ba tari ba."

"Dama? Tsoro dai. Alƙalin ya gane da wa yake yi."

Abin haushi, wasu suka fara yarda. Wani mai nama wanda surukinsa ya kai shi ƙara ya zo neman shawara har da ƙullin balangu. Badamasi ya cinye, ya ba shi fatawa. Hularsa ta ƙara karkacewa, tafiyarsa ta canza, har ya fara cewa yana tunanin rufe shagon ya buɗe ofis.

Adawiyya kuwa ba ta zauna ba. Ta aika Garo a ɓoye ta roƙi Baba Ashiru da Baba Muhammad Nur, don darajar amininsu marigayi, su je Kabo ranar zama na biyu, ko alƙali zai ji ta bakinsu. Tsofaffin suka amsa. Suka sa rigunan Juma'a, suka dogara sanduna, suka fita da sassafe.

Da hantsi maganar ta suɓuce mata. Badamasi ya yar da cokalin koko.

"Kin kashe ni! Gawa tana shirin shiga rami kin aika mata da masu fifita!"

Ya haye babur ko takalmi bai gama sawa ba. A tashar Kabo ya cim musu suna tambayar hanyar kotu. Ya sha gabansu.

"Baba, ku koma. Don Allah ku koma."

Baba Ashiru ya kare ido da hannu ya dube shi. "Kai ne ɗan Malam Idi? Ai dominka muka zo. Mu je mu faɗi gaskiya mu huta."

"Gaskiyar ce ba a so yanzu, Baba. In kun shiga kun raya shari'ar."

"Raya ta? Da suma ta yi?"

Da magiya da rantsuwa ya ɗora su biyun a bayan babur zai mayar da su Garo. Babur ɗin da ko shi kaɗai sai da addu'a yake ɗauka. Ba su yi nisa ba tayar baya ta fashe, suka yi tangal-tangal suka zube a kwatar da ake ba wa tumatir ruwa da ita. Allah ya tsare ba wanda ya karye, amma rigunan Juma'a sun koma kalar laka, sandar Baba Muhammad Nur ta bi ruwa, ga rana ta take. Da ƙafa suka ƙarasa gida, Badamasi yana tura babur a baya yana yi musu bayanin doka.

A bakin gari Baba Ashiru ya tsaya, ya juyo.

"Yaro, ubanka mutum ne. Shekara arba'in muna tare bai taɓa jefa ni a kwata ba. Daga yau ko sunanka aka tambaye ni, mantuwa ta kama ni."

Badamasi ya koma Gwarzo da laka har ƙeya. Amma da ya ji an sake ɗage zaman, an kuma ce wannan karon shi ne na ƙarshe, sai ya manta da ciwon ƙugu.

"Biyu ke nan! Na ukun jana'iza ce, kuma da idona zan gan ta. Duk ku shirya, mu je Kabo ku ga yadda ake kashe shari'a. In an tashi, tsire a wuyana."

Lukuman ya ce, "To in ka je ai ka je ke nan."

"Zan je, amma ba ni ba ne zan je."

Ranar Laraba mota guda suka cika. Badamasi ya aro babbar riga da rawani a wurin wani tela, ya naɗa da kansa, ya ja amawali ya rufe baki da hanci, ya ɗora baƙin tabarau. Naɗin ya karkace gefe guda, yana tafiya yana tallafe shi. Shirinsa ya lallaɓa bencin baya ya laɓe a cikin jama'a. Sai dai ɗan sandan kotu yana hango rawani ya ƙame.

"Ranka ya daɗe! A ba da hanya! Nan gaba, ranka ya daɗe, ai ba a bar manya a baya ba."

Kafin ya yi wani motsi an janye shi an dasa shi a bencin farko, daidai saitin teburin alƙali. Sharfaddeen yana zaune a gefe. Ya dubi rawanin, ya gangaro da ido kan silifas mai tabon man inji, ya ce a hankali, "Barka da zuwa, ranka ya daɗe." Ya duba agogo, ya yi ɗan rubutu.

Alƙali ya shigo, dattijo ne mai sanyin murya. Ya ɗan sunkuyar wa mai rawani da kai, mai rawani ya amsa da ka, rawani ya zame, ya cafe shi.

Magatakarda ya miƙe. "Uwaliya, mai ƙara!"

"Ga ni." Tsohuwa ta fito tana ɗingishi ta zauna a tabarma.

"Badamasi, wanda ake ƙara!"

Shiru.

"Badamasi!"

Badamasi ya waiwaya ya ɗaga wa 'yan majalisa yatsu biyu a ɓoye.

"Badamasi mai gyaran fanka, na Gwarzo!"

Ya lumshe ido a bayan tabarau yana jiran kalmar nan mai daɗi. Ya riga ya tsara yadda zai miƙe a hankali, ya kaɗa riga, ya fita ba tare da ya dubi kowa ba.

Alƙali ya ce, "An kai masa sammaci?"

Sharfaddeen ya miƙe ya karanto daga littafinsa: sau uku, ga ranaku, ga lokuta, ga waɗanda aka yi a gabansu.

"Akwai wanda ya zo a madadinsa? Ko wanda ya san wani uzuri da ya hana shi, ciwo ko tafiya?"

Malam Ja'afar daga bencin baya ya yi gyaran murya mai ƙarfi har sau biyu, Badamasi ya yi kamar bai ji ba.

"To, kotu ta jira shi iya jira. Mai ƙara, faɗi da'awarki."

Badamasi ya buɗe ido. Wannan ba ya cikin abin da ya ji a silin. Ya ce a ransa wataƙila sabon salo ne, sai an gama surutu sannan a kora.

Gwaggo Uwaliya ta fara. Ta ce tun tana amarya mijinta yake nuna mata ɗorawar yana cewa tasu ce, kawaici ne ya hana shi magana. Ta ce mahaifin Badamasi mutum ne mai ƙarfin hali da faɗin ido, in ya sa ƙafa a wuri ba ya ɗagawa. Badamasi ya ji jininsa ya hau. Ubansa da ko akuya ba ya iya kora da tsawa! Ya cusa amawali a baki ya ciza. Gumi ya fara gangarowa daga ƙarƙashin rawani yana ɗiga a kan tabarau.

Aka kira shaidarta, ƙanen mijinta, wani tsoho mai nauyin ji. Ya ce shi dai ya san ɗorawar ta gidansu ce, da idonsa ya ga yayansa yana kewaye ta da ƙaya. Badamasi ya kusa faɗowa daga benci. Mutumin nan shekara ashirin ya yi a Kurmi yana fataucin goro, bai dawo ba sai da ɗorawar ta yi kaurin da mutum biyu ba sa rungume ta. Kowa a Garo ya sani. Tambaya ɗaya tak za ta zubar da shi.

Alƙali ya dubi wurin da babu kowa a tabarma. "Da wanda ake ƙara yana nan, da yanzu ne zai yi wa shaida tambaya ko ya soke shi. Tunda ba ya nan, mun wuce."

Wani ƙara ya fito daga cikin amawali, irin na ɗan akuya da aka taka.

"Ranka ya daɗe, lafiya?" in ji ɗan sanda. "A kawo ruwa?"

Ya girgiza kai. Saura kaɗan, ya ce wa kansa, saura kaɗan a kora.

Da yake shaidarta ɗaya ce, alƙali ya ce sai ta cika da rantsuwa. Ta fita ta yi alwala, ta dawo ta dafa Alƙur'ani, ta rantse a kan abin da ta sani daga bakin mijinta. Alƙali ya yi rubutu mai ɗan tsawo. Sannan ya ɗago.

"Bisa da'awar da ba a musa ba, da shaida, da rantsuwa, kotu ta tabbatar wa Uwaliya ɗorawar da ke kan iyakar gonakin nan biyu a Garo, ita da abin da ta haifa bana."

Badamasi ya ci gaba da jira. Sai da ya ga magatakarda ya ɗauko fayil na gaba sannan abin ya shige shi. Ya zabura ya miƙe. Bakin rawani ya maƙale a ƙusar benci, naɗin ya warware zar-zar-zar har ƙasa, tabarau ya faɗi, sai ga kan Badamasi tal, yana tururi.

"Allah ya gafarta Malam, an yi kuskure! Korar ƙara za a yi! Ba a zo ba!"

"Wane ne kai?"

"Ni ne Badamasin!"

Kotu ta ɗauki guna-guni, daga bencin baya kuwa dariya ce ta fashe, sai da ɗan sanda ya daka tsawa. Shi kansa ɗan sandan sai hararar rawanin yake yi, yana jin haushin ƙamewar da ya yi.

Alƙali ya cire gilashinsa ya goge. Bai ɗaga murya ba.

"Malam Badamasi, ƙarar mai ƙara ake kora in shi bai zo ba. Wanda ake ƙara in ya ƙi zuwa, a bayan idonsa ake yi. Amma doka ba ta rufe ƙofa ba. Wanda aka yi wa hukunci ba ya nan yana iya roƙon a warware a sake ji, in ya nuna sammaci bai same shi ba, ko wani uzuri na gaskiya ya tsare shi. Saboda haka ina tambayarka, ka natsu ka amsa. Akwai abin da ya hana ka amsawa da aka kira ka?"

Malam Ja'afar ya yi masa alama da hannu biyu, yana nuna masa ya durƙusa, ya ce jahilci ne ya ja shi, ya nemi afuwa. Ko ba komai dattijon nan mai sauƙin kai ne. Badamasi ya gani, ya kuma gane. Amma ya ga Lukuman, ya ga mai nama, ya ga mota guda ta mutanen Gwarzo sun zuba masa ido. Ya ce jahilci? Shi? A gabansu?

Ya gyara tsayuwa, ya tattaro babbar riga a kafaɗa.

"Allah ya gafarta Malam, ba abin da ya hana ni. Tun kafin a share ɗakin nan nake nan. Dabara ce ta shari'a."

"Ƙarfe takwas da minti goma ya shigo," in ji Sharfaddeen yana duba littafi.

"Sammacin fa, ya same ka?"

"Hannuna bai taɓa shi ba. Da filaya na ɗauka."

"Ka san abin da ke ciki?"

"Na haddace shi ma."

Alƙali ya dube shi na ɗan lokaci, irin kallon da ake yi wa tuwon da ya kwana ya lalace. Ya ce wa magatakarda, "Rubuta duk abin da ya faɗa, da bakinsa." Sannan ya mayar da gilashinsa. "Wanda bai zo ba ake yi wa uzuri, kai kuwa ka zo. Ka ji sunanka sau uku, ka ji shaida, ka ji rantsuwa, kana zaune a gabana har muna gaisawa. Hukunci ya zauna. In ba ka gamsu ba, kotun sama tana nan, sai ka je ka maimaita musu wannan bayanin. A ɗauke rawanin nan daga hanya. Ƙara ta gaba."

A waje 'yan majalisa suka kewaye shi. Lukuman ya ce, "Barista, jana'izar ta yi jama'a. Wa aka binne ne?" Mai nama kuwa bai yi dariya ba, domin shi ma jibi ne zamansa, kuma sau biyu ke nan bai je ba. Ya cakumi wuyan babbar rigar aro, sai da aka ɓamɓare shi, rigar ta yage har cibiya.

Ana cikin haka Gwaggo Uwaliya ta fito. Ta tsaya a gabansa tana gyara mayafi, ta dube shi daga silifas har tal ɗin kai.

"Ɗan nan, ashe kana kusa."

"Gwaggo, ba a gama ba. A dokance..."

"Rufe mini baki da dokance. Sau uku ina hawa mota da wannan ƙafar. Duk zuwan da na yi, jira nake ka shigo alƙali ya ce mu je mu sasanta, in ce a riƙa raba kalwar biyu, ni rabi Adawiyya rabi. Abin da na aika a kira ka in faɗa maka ke nan tun farko. Rabi na zo nema." Ta gyara riƙon sandarta. "Kai ka ba ni duka. Allah ya yi albarka."

Ta wuce tasha. Ba wanda ya tuna masa da tsire. A mota kuwa aka ce wuri ya cika, ya biyo ta baya.

Ranar Asabar aka sauke ɗorawa, kalwa ta wuce gidan Uwaliya a amalanke, buhu a kan buhu, shekarar ma ta yi 'ya'ya fiye da kullum. A gidan Badamasi kuwa Adawiyya ta wanke manyan tukwanenta na daddawa, ta kife su a bayan ɗaki. Ba ta yi faɗa ba, ba ta yi kuka a gabansa ba, kuma wannan ya fi damunsa fiye da a ce ta zage shi.

Bayan magariba ta ajiye masa tuwo da miyar kuka. Ya wanke hannu, ya gutsura, ya kai baki. Ya tauna, ya tsaya. Miyar salam, ba ƙamshi ba ɗanɗano. Ya so ya haɗiye ya yi shiru, amma bakin Badamasi bai taɓa yin shiru a inda ya kamata ba.

"Adawiyya, miyar nan ina daddawarta?"

Tana tsugune tana kwashe wa yara nasu, ko ɗagowa ba ta yi ba.

"Na kira ta sau uku, Malam. Ba ta amsa ba."